Ƙorafin ɗalibi a kan malami: abin da alƙali ke dubawa idan magana ta bar harabar jami'a

Da yawa daga cikin ƙorafin da ɗalibai ke kaiwa a kan malamai a jami'o'in Najeriya tun ranar farko yake mutuwa, kuma ba don ƙarya ba ne. Ɗaliba za ta shiga ofishin shugaban sashe, ta ɗosana a bakin kujera, kanta a sunkuye, ta faɗi abin da ya faru da baki. Shi kuma ya ce ta yi haƙuri, zai yi wa malamin magana. Ta fito hannu rabbana, ba takarda, ba hatimi, ba kwanan wata. Bayan wata shida sakamako ya fito, ta ga an kayar da ita a darasin mutumin nan, sai iyaye su tashi neman lauya. Abin da lauya zai fara tambaya shi ne, ina shaidar cewa kin kai ƙara? Babu. Daga nan shari'ar ta fara tafiya da ƙafa ɗaya.

Ga dalilin da ya sa takardar nan ta fi komai nauyi. Idan aka kai jami'a kotu a kan yadda ta tafiyar da ƙorafi, alƙali ba ya zama ya sake binciken ko malamin ya nemi ɗalibar da lalata, ko ya karɓi kuɗi kafin ya sa hannu a kundin kammala karatu, ko ya tilasta sayen handawut. Ba aikinsa ba ne a irin wannan shari'a. Abin da yake tambaya shi ne: wa doka ta ba ikon yanke hukunci? Shi ne ya yanke? An saurari kowa? Akwai mai ruwa da tsaki a cikin kwamitin? An bi matakan da dokar jami'ar ta shimfiɗa ɗaya bayan ɗaya? Hanya yake dubawa, ba masauki ba. Wanda bai gane wannan ba, ko ɗalibi ne ko magatakardan jami'a, zai yi ta mamakin yadda mai gaskiya ke faɗuwa a kotu.

Tushen komai sashe na 36 ne na Kundin Tsarin Mulkin 1999, wanda ya ba kowa haƙƙin a saurare shi cikin adalci a gaban wanda ba shi da ɓangare. Babbar shari'ar da ta kafa wannan a harkar jami'o'i daga Arewa ta fito, wato ta Garba da Jami'ar Maiduguri. A 1983 ɗalibai suka yi tarzoma, aka yi ɓarna, jami'a ta kafa kwamitin bincike ta kori waɗanda aka samu da hannu. Wanda ya shugabanci kwamitin mataimakin shugaban jami'a ne, alhali shi kansa yana cikin waɗanda tarzomar ta yi wa ɓarna. A 1986 Kotun Ƙoli ta rushe korar gaba ɗaya. Ta ce wanda aka ɓata wa ba zai zama alƙali a kan wanda ake zargi da ɓata masa ba, kuma laifuka irin su ƙone-ƙone da sata na kotu ne, ba na kwamitin jami'a ba. Ɗalibai ne suka ci wannan shari'a, amma a yau malamin da aka kora ne ya fi kowa ɗaukar ta a matsayin garkuwa.

Nan ne abin da ya fi damuna yake. Dokokin da suka kafa jami'o'in gwamnati sun yi bayani dalla-dalla a kan yadda ake cire malami, amma da wuya ka ga sun ce uffan a kan haƙƙin ɗalibin da ya kawo ƙarar. Kusan duk dokokin jami'o'in tarayya tsari ɗaya suka bi. Majalisar Gudanarwa ce kaɗai ke da ikon korar babban ma'aikaci. Dole ta ba shi takarda ta zayyana laifin da ake tuhumarsa da shi. Dole ta ba shi dama ya kare kansa da bakinsa. Idan shi, ko mutum uku daga cikin 'yan majalisar, suka nema a cikin wata guda, dole a kafa kwamitin haɗin gwiwa na Majalisar Gudanarwa da Majalisar Malamai, wato Sanet, ya binciki maganar, a bar shi ya bayyana a gabansa. Shugaban jami'a na iya dakatar da shi, amma dakatarwa ba kora ba ce: yana karɓar rabin albashi, kuma majalisa ta duba lamarinsa kafin wata uku su cika.

Tsallake mataki ɗaya a cikin waɗannan ya isa ya rushe komai. A shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas, a 1985, an sallami manyan malamai da albashin wata shida a madadin sanarwa, ba tare da an bi matakan dokar jami'ar ba. Kotun Ƙoli ta ce aikin da doka ta kafa ba kamar na yaron shago ba ne da maigida zai sallama in ya ga dama, ta mayar da su bakin aiki. Haka malamai 49 na Jami'ar Ilori da aka kora a 2001 a kan yajin aiki, sai a 2009 Kotun Ƙoli ta mayar da su, da umarnin a biya su haƙƙoƙinsu na duk shekarun. Waɗannan ba shari'o'in cin zarafin ɗalibai ba ne, amma ƙa'idar ɗaya ce, kuma lauyan duk malamin da aka kora ya haddace ta.

To ka ɗauka abin ya faru a kan malamin da ya yi laifin da gaske. Sauti ya yaɗu a WhatsApp, jaridu sun ɗauka, shugaban jami'a ya ji zafi, cikin mako biyu aka sanar da kora. Jama'a suka yi tafi. Bayan shekaru malamin ya dawo da hukuncin Kotun Ma'aikata ta Ƙasa a hannu, aka mayar da shi ofis, aka tara masa albashinsa aka ba shi, don kawai ba a ba shi takardar tuhuma a rubuce ba, ko kuwa shugaban jami'a ne ya kore shi ba majalisa ba. Ɗalibar da ta saida ranta ta yi magana, an cuce ta sau biyu. Shi ya sa ban yarda da masu ganin bin ƙa'ida gata ne ga malami ba. Korar da aka yi bisa ƙa'ida ce kaɗai ke zama daram, kuma ɗalibi ya fi kowa buƙatar ta zauna.

Kurakuran da ke kayar da jami'o'i sanannu ne, ana ta maimaita su. Takardar tuhuma ta ce "rashin ɗa'a" kawai, ba rana, ba wuri, ba abin da aka aikata. A saurari ɗalibar a ɓoye, a hana malamin sanin abin da ta faɗa balle ya mayar da martani. Shugaban tsangayar da ya karɓi ƙorafin ya rubuta rahoto a kai, sannan a same shi zaune a kwamitin ladabtarwa yana kaɗa ƙuri'a. A kira mutum ya zo ba da shaida, yana fita a mayar da shi wanda ake tuhuma. Sakataren kwamiti ya rubuta bayanin zama a gurguje, babu sa hannun kowa. Maganar sauraron ɗaliba a ɓoye kuwa tana da mafita, ba sai an zaunar da ita gaba da gaba da wanda take tsoro ba. Ana iya ba shi rubutaccen bayaninta tun kafin zama, ya miƙa tambayoyinsa ta hannun shugaban kwamiti, ita kuma ta amsa daga wani ɗaki, a rubuta tambaya da amsa kalma da kalma. An kare mutuncinta, shi ma ba a toshe masa baki ba.

Akwai wata dabara da wasu jami'o'i ke fakewa da ita, su ce tunda abin da ake zargi laifi ne na kotu, hukuncin Garba ya ɗaure musu hannu, sai 'yan sanda sun gama. Wannan rabin gaskiya ne. Kotun Ƙoli ta sassauta matsayin daga baya. A shari'ar Bamgboye da Jami'ar Ilori, a 1999, ta tabbatar da cire malamin da aka samu da rashin ɗa'a a harkar jarrabawa, a ta Arinze da First Bank kuma, a 2004, ta ce ma'aikata ba sai ta jira kotu ta ɗaure mutum ba kafin ta sallame shi a kan mummunan hali, muddin an saurare shi. Hikimar tana wajen rubuta tuhuma. Kwamitin jami'a ba shi da hurumin cewa wane ya yi fyaɗe. Amma yana da cikakken hurumin cewa wane ya karya sharuɗɗan aikinsa, ya kira ɗaliba masauki, ya yi amfani da maki wajen tursasa ta. Laifin kuma a miƙa shi inda ya dace, hanyoyin biyu su tafi tare. Haka aka yi a Jami'ar Obafemi Awolowo da ke Ile-Ife a 2018: sautin wayar da wani farfesa, Richard Akindele, ke neman ɗaliba don ya ƙara mata maki ya fito a Afrilu, majalisar jami'a ta kore shi a Yuni, hukumar yaƙi da cin hanci ta ICPC ta gurfanar da shi, ya amsa laifi, Babbar Kotun Tarayya da ke Osogbo ta ɗaure shi shekara biyu a Disamba. Jami'a ba ta jira kotu ba, kotu ma ba ta jira jami'a ba.

Yanzu mu juyo ga ɗalibin da jami'a ta yi biris da ƙorafinsa, ko ta yi binciken jeka-na-yi-ka, ko ma ta juyo kansa. Matsayinsa a doka mai rauni ne, gara a faɗa masa tun da wuri. A zaman ladabtar da malami, ɗalibi shaida ne, ba mai ƙara ba. Kotu ba za ta umarci jami'a ta kori wane ba. Abin da za ta iya shi ne ta tilasta wa jami'a yin aikin da doka ko ƙa'idarta ta ɗora mata, umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, ko ta soke hukuncin da aka yanke ba bisa ƙa'ida ba, ko ta hana a cutar da ɗalibin, ko ta sa a biya shi diyya idan an take masa haƙƙi. Kafin a ba da mandamus kuwa sai ka nuna ka nema a rubuce an ƙi, ko an yi shiru har shirun ya zama ƙi. Ka ga mun dawo kan takardar nan ta farko.

Sannan akwai katangar da kotuna ke kira harkar cikin gida ta jami'a. A shari'ar Magit da Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi, a 2005, Kotun Ƙoli ta ƙi sa baki a kan kundin digiri na biyu da Sanet ta ƙi amincewa da shi, ta ce auna ilimi na malamai ne. Don haka alƙali ba zai ɗauki takardar jarrabawarki ya sake yi mata maki ba. Amma katangar tana da ƙofa. A shari'ar Jami'ar Ilori da Adesina, a 2014, kotun ta nuna cewa riƙe sakamakon ɗalibar da ta gama komai, ba don wani dalili na karatu ba, ba harkar cikin gida ba ce da za a hana kotu dubawa. Darasin a fili yake: kada a je kotu da cewa "makina ya fi haka". A je da cewa "na nemi a ba wani malami daban takardata ya sake dubawa kamar yadda ƙa'idar jami'a ta tanada, na biya kuɗin, ga rasit, an ƙi", ko kuma "sakamakona ya maƙale ne daga ranar da na kai ƙara, ga kwanakin".

Wanda ya yi gaggawar zuwa kotu ma yana iya dawowa da kunya. A shari'ar Jami'ar Ilori da Oluwadare, a 2006, ɗalibin da aka kora a kan zargin satar jarrabawa ya garzaya kotu bai ƙarasa ɗaukaka ƙara zuwa Majalisar Gudanarwa ba, ya faɗi. Wanda ya yi jinkiri kuma lokaci ya rufe masa ƙofa, domin Dokar Kare Jami'an Gwamnati wata uku kacal ta bayar a shigar da ƙara daga ranar da abin ya faru, kuma tun 1998, a shari'ar Ibrahim da hukumar kula da harkokin shari'a ta Jihar Kaduna, Kotun Ƙoli ta ce kariyar ta shafi hukumomi, ba mutane kaɗai ba. Neman kotu ta sake duba matakin hukuma shi ma a cikin wata uku ake yinsa a Babbar Kotun Tarayya, kuma sai an fara neman izinin alƙali. Tsakanin gaggawa da jinkiri akwai siririyar hanya, kuma jami'ar da ke son kashe magana ta san haka sarai: ta ce "ana kan bincike" har watanni su shuɗe. Maganin wannan shi ne kowace wasiƙa ta ɗauki wa'adi, kuma a ga lauya tun a watan farko, ba sai rana ta faɗi ba.

Ga yadda ya kamata ɗalibi ya bi. Ya rubuta ƙorafi zuwa ga magatakarda, ko ofishin da littafin ƙa'idar ɗalibai ya ambata, da kwafi ga shugaban jami'a da shugaban sashen kula da harkokin ɗalibai. Ya faɗi rana, wuri, abin da aka ce da abin da aka yi, da sunan wanda ya gani ko wanda aka fara gaya wa. Ban da zagi, ban da ƙarin gishiri, don ƙarya ɗaya tak in an kama ta, ta ɓata gaskiya goma. Ya tafi da kwafi biyu, a buga masa hatimin karɓa da kwanan wata a kan nasa. In an ƙi karɓa, ya aika ta kamfanin kai saƙo ya ajiye rasit, ya kuma tura ta imel. A cikin wasiƙar ya nemi abu uku a fili: a cire malamin daga yi masa maki ko duba kundinsa har a gama bincike, a adana takardun jarrabawarsa, a sanar da shi sakamakon binciken a rubuce. Bayan mako biyu ba amsa, ya aika tunatarwa. Bayan wasu biyun, ya rubuta wa shugaban Majalisar Gudanarwa. A jami'ar tarayya yana iya amfani da Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011, wadda ta ba hukuma kwana 7 ta amsa, in ta ƙi kuma a je kotu cikin kwana 30. Kada ya nemi fayil ɗin malamin, za a ce bayanan sirri ne. Ya nemi kwafin ƙa'idar jami'a kan cin zarafi, da ranar da aka kafa kwamiti, da sunayen 'yan kwamitin, da matsayin da bincike ya kai.

Waya kuma a riƙe ta da kyau. Sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 ya yarda da saƙonni da sauti, amma sai da takardar tabbatar da na'urar da aka ciro su da yadda aka ciro su. Hoton allo da aka tura ta hannu biyar, wayar asali kuma an sayar da ita a kasuwar 'yan waya, lauyan ɗaya ɓangaren zai yi kaca-kaca da shi. Kada a goge hira, har da ɓangaren da ɗalibar ke ganin bai yi mata kyau ba, domin hirar da aka yanke ta fi cikakkiya saurin jawo shakku. Ina kuma roƙon ɗalibai su yi hattara da Facebook. Na san zafin da ke sa mutum ya fallasa, kuma gaskiya ne sau da yawa fallasar ce ke motsa hukuma, kamar yadda binciken BBC na 2019 a kan malaman da ke neman ɗalibai don maki ya motsa Jami'ar Legas da Jami'ar Gana, da yadda zanga-zangar ɗaliban lauya a Jami'ar Kalaba ta jawo ICPC a 2023. Amma a Arewa ɓata suna laifi ne a ƙarƙashin sashe na 391 da 392 na kundin dokokin laifuka, wato Final Kod, ga kuma Dokar Laifukan Intanet ta 2015. Ɗalibin da ya fara da wallafa suna kafin ya kai rubutaccen ƙorafi yana iya wayar gari shi ake tuhuma.

Wace kotu? Jami'ar tarayya, Babbar Kotun Tarayya, bisa sashe na 251 na Kundin Tsarin Mulki. Jami'ar jiha, babbar kotun jihar. Jami'a mai zaman kanta, galibi maganar yarjejeniya ce, don haka littafin ƙa'idar ɗalibai da takardar ba da gurbi su ne makamin, kuma mandamus ba ya saurin kama ta. Kotun Ma'aikata kuwa, duk da gyaran Kundin Tsarin Mulki na 2010 ya ba ta hurumi a kan cin zarafin mata a wurin aiki, har ta ɗora wa kamfanin Microsoft alhaki a shari'ar Maduka a 2013, ƙofarta ta ma'aikata ce. Malamin da aka kora can zai nufa, ɗaliba kuwa ba ma'aikaciya ba ce. Wannan giɓi ne babba, kuma shi ƙudurin hana cin zarafin ɗalibai da Majalisar Dattawa ta amince da shi a 2016 da 2020 ya so ya cike, bai kai ga zama doka ba a lokutan biyu.

Saura hanyar kare haƙƙin ɗan Adam, ƙarƙashin sashe na 46 na Kundin Tsarin Mulki da ƙa'idojin kotu na 2009. Tana da sauri, da takardun rantsuwa ake yinta, kuma wa'adin wata uku bai shafe ta ba. Sai dai dole ainihin abin da ake nema ya zama haƙƙi ne na babi na huɗu na kundin, kamar mutunci a sashe na 34 ko hana wariya saboda jinsi a sashe na 42. Zama ɗalibi ba ya cikin jerin, ilimi kuma a babi na biyu yake, wanda ba a kai ƙara a kansa kai tsaye. Lauyan da ya lulluɓe neman sakamako da rigar haƙƙin ɗan Adam, ƙarar za ta faɗi tun kafin a shiga cikinta.

Ba kowa ke da kuɗin lauya ba, kuma ba kowace magana ce sai kotu ba. Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a na da ofis a kowace jiha, kyauta take aiki, amma ba ta taɓa abin da ke gaban kotu, ba ta kuma karɓar wanda ya haura wata goma sha biyu. Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa, bayan gyaran dokarta na 2010, hukuncinta na iya zama abin zartarwa kamar na babbar kotu. Ƙungiyar lauyoyi mata, FIDA, tana karɓar irin waɗannan. Wasiƙa ɗaya daga ɗayansu takan fito da fayil ɗin da ya yi wata biyar a ƙasan durowa.

In kuwa an shiga kotu, shari'a na iya cin shekaru, zangon karatu kuma ba ya jira. Don haka tun ranar shigar da ƙara lauya ya nemi umarnin wucin gadi: a bar ɗalibar ta yi rajista ta zauna jarrabawa, a hana kwamitin ladabtar da ɗalibai taɓa ta a kan wannan magana, a kuma kai takardun amsarta ofishin magatakarda a kulle har a yanke hukunci. Takardun jarrabawa ba a ajiye su har abada, bayan wasu shekaru jami'o'i kan zubar da su, kuma ranar da alƙali ya ce a kawo takardar a ba wani malami ya duba, dole a same ta.